Turakun Jibiya: Tarihin Iyakar da ke Tsakanin Katsina da Maraɗi

Kakata ba ta taɓa cewa za ta tafi Nijar ba. In za ta biki wurin danginmu na Maraɗi, sai ta ce za ta Faranshi, in ta dawo kuwa ta ce ta komo Ingilishi. Da ina yaro dariya nake yi mata. Sai da na zo jami'a na fara bincike a kan tashar iyaka ta Magamar Jibiya, sannan na gane ashe tsohuwar nan tarihi take faɗa.

Mai karatu ya san abin da muka saba faɗa a wurin muhawara, wato Turawa ne suka zauna a ƙasarsu suka yanka ƙasar Hausa biyu ba tare da sun san ta ba. Akwai gaskiya a ciki. A 1890 Ingila da Faransa suka ja layi daga Sayi a bakin Kwara zuwa Baruwa a bakin tafkin Cadi, kuma Salisbury, Firayim Ministan Ingila, da bakinsa ya amsa cewa suna rabon duwatsu da koguna ba su san inda suke ba. A 1898 suka sāke zama, aka zana baka mai nisan mil 100 kewaye da Sakkwato. Bisa wannan layi Maraɗi a hannun Ingila take. Faransawa suka ga abin da aka bar musu ba rijiyoyi, ba yadda sojansu za su tashi daga Kwara su isa Damagaram ƙishirwa ba ta kashe su ba. Saboda haka a 1904 suka saki haƙƙinsu na kamun kifi a gaɓar Newfoundland, can kusa da Kanada, Ingila kuma ta janye layin zuwa kudu. Abin nan ya daɗe yana ba ni mamaki: kifin da ba Bakatsinen da ya taɓa ganin irinsa yana cikin abin da ya sa Maraɗi ta zama ta Faransa. An ƙara gyara a 1906, sannan Manjo O'Shee da Kyaftin Tilho suka bi daji daga 1906 zuwa 1908 suna kafa turaku 148.

To, amma a nan ne na rabu da abokan muhawarata. Tun kafin Bature ya zo akwai gaba tsakanin Katsina da Maraɗi. Bayan da masu jihadi suka ci Birnin Katsina wajen 1807, sarakunan Haɓe suka yi arewa, Ɗan Kasawa ya kafa mulki a Maraɗi, kuma har yau Sarkin Katsina ake kiran mai sarautar can. Kusan shekara ɗari ana kai wa juna hari, musamman zamanin Ɗan Baskore, har ƙasar da ke tsakani ta koma daji. Derrick Thom, wanda ya rubuta littafi a kan wannan iyaka a 1975, ya nuna cewa a wannan sashe layin ƙarshe ya bi tsohon rabon nan ne. J. C. Anene ma, a littafinsa na 1970 kan iyakokin Nijeriya, bai yarda a ɗora wa Turawa laifin duka ba. Ni a ganina bangon nan da tsagarsa Bature ya same shi, shi dai ya samu wurin shiga kamar ƙadangare.

Da aka sami mulkin kai a 1960, sai tambaya ta taso ko za a tumɓuke turakun. Shugabannin Afirka suka taru a Alƙahira a 1964 suka yarda kowa ya riƙe iyakar da ya gāda. Masana dokar ƙasa da ƙasa suna kiran wannan ƙa'ida da Latinanci uti possidetis, wato abin da ke hannunka naka ne, kuma Kotun Duniya ta tabbatar da ita a 1986 a shari'ar Burkina Faso da Mali. Farfesa A. I. Asiwaju, a littafin da ya shirya a 1985 kan al'ummun da iyaka ta raba, ya ba da shawarar a bar layin inda yake amma a rage masa kaifi. Hanyar da aka bi ke nan: Hukumar Haɗin Gwiwar Nijeriya da Nijar a 1971, ƙungiyar ECOWAS a Ikko a 1975, sai yarjejeniyar Dakar ta 1979 wadda ta ba ɗan ƙungiya damar kwana 90 a ƙasar maƙwabci ba biza.

Sai dai abin da ke takarda daban, abin da mutumin Jibiya ya gani daban. An rufe iyakar daga 1984 zuwa 1986, a tsakiyar fari, har mutanen Nijar suka sa wa yunwar shekarar suna El-Buhari. An sāke rufewa daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020 don hana shigo da shinkafa. Na uku shi ya fi ɗaure mini kai. Bayan da Janar Tiani ya hamɓarar da Bazoum ran 26 ga Yuli 2023, ƙungiyar da aka kafa don buɗe hanya ita ce da kanta ta ba da umarnin toshe ta. Manyan motoci suka yi jerin gwano a Magama, kaya suka ruɓe a ciki, sai a Maris 2024 aka buɗe. Ran 29 ga Janairu 2025 Nijar ta fita daga ECOWAS ɗungum.

Duk tsawon rufewar nan ta ƙarshe zumunci bai tsaya ba, domin 'yan acaɓa sun san hanyoyin gona zuwa Ɗan Isa, kuɗin ne kawai ya ninka. Da aka yi mana rasuwa a Maraɗi na ce wa kakata, "Kaka, ki yi haƙuri, an rufe iyaka." Ta dube ni ta ce, "Kai yaro, gaisuwar mutuwa ba ta jiran gwamnati." Washegari da asuba ta ɗaura ƙunshinta, ni na riƙe mata shi har bakin tasha.