Martin Atkins da Matsayin Mai Ganga a Kiɗan Bayan-Pank da na Masana'anta

A tarihin kiɗan zamani na Turai da Amurka, mai ganga shi ne ake ajiyewa a can bayan dandamali, kuma shi ne aka fi saurin sallama idan saɓani ya shiga tsakanin 'yan ƙungiya, domin dokar haƙƙin mallaka da al'adar kamfanonin faifai sun fi fifita wanda ya tsara baituka da karin waƙa a kan wanda ya riƙe kiɗan. Wannan maƙala tana nazarin rayuwar Martin Atkins, makaɗin ganga ɗan Ingila wanda aka haifa a Coventry ranar 3 ga Agusta, 1959, kuma hujjar da take kafawa ita ce muhimmancinsa ya ta'allaƙa ne a kan yadda ya ɗauko mai ganga daga matsayin ɗan ƙwadago ya mai da shi jagora, mai kamfani, kuma mai adana tarihin sana'arsa.

Wajibi ne a fara fayyace nau'o'in kiɗa biyu da ya yi aiki a cikinsu. Pank kiɗa ne mai sauri da tsawa da matasan Birtaniya da Amurka suka rungumi a tsakiyar shekarun 1970 domin nuna bijirewa, bayan-pank kuwa shi ne salon da ya biyo bayansa, wanda ya riƙe bijirewar amma ya buɗe ƙofa ga gwaje-gwajen sauti, ya kuma aro daga dub na Jamaika, wato salon rege da ake rage murya a cikinsa a fito da ganga da jitar bas mai kaurin amo. Kiɗan masana'anta ya samo sunansa daga kamfanin Industrial Records da ƙungiyar Throbbing Gristle ta kafa a 1976, kuma an gina shi a kan ƙarar ƙarfe da na'urori da maimaita bugu ɗaya ba gajiyawa, har ƙungiyar Einstürzende Neubauten ta Berlin takan buga tarkacen ƙarafa a madadin ganguna.

Atkins ya shiga ƙungiyar Public Image Ltd a 1979 yana ɗan shekara 20. John Lydon ne ya kafa ƙungiyar a 1978 bayan wargajewar tsohuwar ƙungiyarsa ta pank, Sex Pistols, tare da Keith Levene mai jita da Jah Wobble mai bas, kuma kafin zuwan Atkins ta riga ta yi masu ganga da dama, daga Jim Walker zuwa Richard Dudanski, har ta kai Levene da Wobble da kansu suka buga ganga a wasu waƙoƙin kundin Metal Box. Waƙa ɗaya tak, "Bad Baby", Atkins ya buga a wannan kundi, kuma a 1980 shi ma aka raba gari da shi, sai ya koma kan tasa ƙungiyar mai suna Brian Brain. Wannan kaɗai ya isa ya nuna irin rashin tabbas da ke tattare da kujerar mai ganga, ko a ƙungiyar da ke iƙirarin rushe tsofaffin al'adun kiɗa.

Kundin The Flowers of Romance na 1981 shi ne wurin da ya cancanci a dakata a kansa, domin a nan ne ganga ta bar aikin rakiya ta zama ginshiƙin waƙa. Wobble ya riga ya bar ƙungiyar, saboda haka babu bas ɗin da aka saba jingina a kai, jitar Levene ma ba ta cika fitowa ba, sai aka sake kiran Atkins ya buga wasu waƙoƙi, ciki har da "Four Enclosed Walls" da "Under the House" da "Banging the Door". An naɗi gangunan a ɗakin dutse na situdiyon Townhouse da ke Landan tare da injiniyan sauti Nick Launay, inda bangon dutsen yake mayar da amo da ƙarfi, har kowane bugu ya cika sararin da sauran kayan kiɗa suka bari. A waƙar farko an ɗora agogon Mickey Mouse na Atkins a kan fatar ganga, aka ƙara ƙarfin bugawarsa ta makirufo har ya zama wani ɓangare na kiɗan. Tasirin wannan sauti ya wuce da'irar masu bijirewa, domin Phil Collins, wanda shi ma mai ganga ne, ya yaba shi har ya nemi Launay ya yi aiki da shi. Atkins ya dawo ƙungiyar sosai a 1982, yana cikinta lokacin da waƙar "This Is Not a Love Song" ta kai mataki na 5 a jerin waƙoƙin Birtaniya a 1983, sannan ya fice a 1985.

A daidai wannan zamani ne na'urorin kiɗa irin su Linn LM-1 da Roland TR-808, waɗanda suka fito a 1980, suka fara yi wa masu ganga barazana, tunda ba sa kuskure kuma ba sa neman kaso. Amsar da Atkins ya bayar ita ce ya kwaikwayi tsayuwar na'ura a kan ƙa'ida, sannan ya ƙara mata abin da ba ta da shi, wato ƙarfin dantse da gumin da 'yan kallo ke gani da idonsu. Hakan ya bayyana a rangadin ƙungiyar Ministry ta Al Jourgensen a 1989 da 1990, inda shi da Bill Rieflin suka riƙa buga jerin ganguna biyu a lokaci guda, ya kuma bayyana a kundin Killing Joke na 1990 mai suna Extremities, Dirt and Various Repressed Emotions, da kuma ƙarin gangar da ya buga a waƙar "Wish" ta Nine Inch Nails a 1992.

Sai dai babban sauyin ya faru ne a fagen mallaka. A 1988 ya kafa kamfanin faifai na Invisible Records, wanda ya zauna a Chicago, birnin da kamfanin Wax Trax! ya mayar cibiyar kiɗan masana'anta a Amurka. A 1990 shi da Rieflin suka kafa Pigface, ƙungiyar da ta juya tsarin da aka saba: masu ganga ne suka assasa ta, mawaƙa da masu jita kuwa su ke zuwa su tafi. Kundinta na farko, Gub, ya fito a 1991 da Steve Albini a matsayin injiniya, Trent Reznor na Nine Inch Nails kuma ya rera waƙar "Suck" a ciki. Bayan Rieflin ya janye, Atkins ya ci gaba da riƙe ragamar, shi ke zaɓen makaɗa, shi ke shirya rangadi, kamfaninsa kuma ke fitar da faifan.

Mai suka yana iya cewa Atkins bai kasance cikin waɗanda suka kafa ko ɗaya daga manyan ƙungiyoyin da suka fito da sunansa ba, kuma Stephen Morris na Joy Division da Paul Ferguson na Killing Joke sun fi shi barin salon bugu da ake ganewa da jin farko, ayyukan Pigface kuwa ba duka suka yi armashi ba saboda yawan hannaye. Wannan suka tana da ƙanshin gaskiya idan ma'aunin shi ne salo kaɗai, amma ba ta rushe hujjar wannan maƙala ba, domin yawan sauya ƙungiya shi ne ya koya masa sirrin kasuwar, tun daga yarjejeniya har zuwa kuɗin mota da sayar da riguna a ƙofar zaure. Wannan ilimi ya zuba a littafinsa Tour:Smart na 2007, ya koyar da shi a Kwalejin Columbia ta Chicago da Jami'ar Millikin ta jihar Illinois. A 2006 ya je Beijing ya naɗi matasan makaɗan ƙasar Sin, a 2021 kuma ya buɗe gidan adana kayan tarihin kiɗan bayan-pank da na masana'anta a Chicago.

Saboda haka, duk mai son auna Atkins da adalci sai ya haɗa kundin 1981 da kamfanin 1988 da littafin 2007 a sikeli ɗaya, domin tare suke nuna makaɗin da ya gane cewa gwaninta ba ta kare mai ita daga sallama matuƙar wani ne ke riƙe da faifan da kuɗin. Tarihin waɗannan nau'o'in kiɗa da aka rubuta da sunayen mawaƙa kaɗai tarihi ne mai giɓi, kuma masu nazari suna da aikin cike shi.