'Yancin Baligi na Sauya Addini da Haramcin Tsare Shi: Nazari daga Kano

Gabatarwa

A watan Yunin 2014, dangin wani injiniya mai suna Mubarak Bala suka kai shi sashen masu taɓin hankali na Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano da ke kan titin Zariya, bayan ya shaida musu cewa ya bar Musulunci. Ya yi kwana 18 a tsare kafin a sallame shi. Kamun da aka yi masa a 2020 kan zargin ɓatanci wani babi ne daban, domin a 2014 babu kotun da ta tuhume shi da komai. Mutanen Unguwar Gano da sauran unguwannin Tarauni suna wucewa ta gaban wannan asibiti kullum, kuma nan kusa, a Gyadi-Gyadi, Babbar Kotun Tarayya take. Wannan maƙala tana tambaya ne: wa ke da hurumin kulle baligi saboda abin da ya ƙudurta a zuciyarsa? Amsar da za ta kare ita ce uba ba shi da wannan hurumi, haka ma malami da mai unguwa, ko a dokar ƙasa ko a fiƙihu.

Matsayin Dokar Ƙasa

Sashe na 38(1) na Kundin Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999 ya bai wa kowa 'yancin tunani da addini, ya kuma ambaci sauya addini ƙarara. Sashe na 35 ya hana a tauye wa mutum walwalarsa sai bisa dalilan da ya lissafa, kamar umarnin kotu, ko zargin aikata laifi, ko tarbiyyar wanda bai kai shekara 18 ba, ko jinyar mai taɓin hankali. Sauya addini ba ya cikinsu. Wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba yana da haƙƙin diyya, kuma Sashe na 46 ya buɗe masa ƙofar babbar kotu. Dokar laifuka ta Shari'a da Kano ta kafa a 2000 ma ba ta sa ridda cikin jerin laifukanta ba.

Kafar da ake bi ta bayan fage ita ce ta jinya. Da zarar an ce "ya zautu" ko "an yi masa asiri", kulle ya koma magani a idon jama'a. A 2014 Dokar Mahaukata ta 1958, gadon Turawan mulkin mallaka, ita ce ke aiki, kuma ba ta bai wa majinyaci wata kariya ta a-zo-a-gani ba. Sai a 2023 aka sanar da sa hannu kan sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da ta maye gurbinta.

Matsayin Fiƙihu

Mai ja zai ce ridda babban laifi ne a Musulunci, kuma uba makiyayi ne a kan iyalinsa. Babu musu cewa jumhurin malaman farko sun tsananta hukuncinta, ko da yake an ruwaito daga Ibrahim an-Nakha'i da Sufyanus Sauri cewa a ci gaba da neman tuban mutum ba iyaka, kuma a zamaninmu Ɗaha Jabir al-Alwani ya tafi a kan cewa ridda zalla ba ta da haddi a duniya. To, ko a mafi tsananin ra'ayi, wa aka damƙa wa hukuncin? A mazhabar Malikiyya da ake karantarwa a zaurukan Kano, alƙali ne ke sauraron shaidu, kuma shugaba ne ke zartar da haddi. Muhtasar na Halil ya shar'anta cewa a kwana ukun da ake bai wa mai ridda don ya tuba kada a horar da shi da yunwa ko ƙishirwa ko azaba. Uban da ya ƙwace wayar ɗansa, ya garƙama wa ɗaki kwaɗo, ana miƙa masa kwanon tuwo ta taga, ya naɗa kansa alƙali da ɗan sanda da gandiroba lokaci guda, kuma babu littafin da ya ba shi wannan rawani. Aya ta 256 a Suratul Baƙara ta kore tilas a addini, imani kuma ba ya tabbata sai da yardar zuciya. Abin da kwaɗo ke iya samarwa furucin baki ne kawai, wanda mai shi zai janye ranar da ya samu mafita.

Kariya ga Kowane Ɓangare

Sashen da ya kare mai fita daga Musulunci shi ne ya kare mai shigarsa. Saurayi Bamaguje da ya karɓi kalmar shahada a karkarar Kano, ko budurwa baliga 'yar Sabon Gari da ta musulunta iyayenta suka hana ta fita, da Sashe na 38 za a ƙwato musu haƙƙinsu. Musulmin da ya yarda a kulle mai fita daga Musulunci ya raunana hujjar da zai kare waɗannan da ita. Sharaɗin dai shi ne balaga da zaɓin kai. Shi ya sa batun wata yarinya 'yar Bayelsa da aka kawo Kano a 2015 ya sha bamban: ƙaramar yarinya ce, kuma a 2020 kotun tarayya a Yenagoa ta ɗaure wanda ya ɗauko ta shekara 26.

Al'adar kulle kuwa ba ta tsayawa a kan addini. A Satumban 2019 'yan sanda suka fito da mutum fiye da 300 daga wani gidan mari a Rigasa, Kaduna, wasu da sarƙa a ƙafa da tabon bulala a baya. Da yawansu dangi ne suka kai su da sunan gyaran hali.

Kammalawa

Baƙin cikin iyayen da ɗansu ya bar addininsu gaskiya ne, kuma suna da damar nasiha da addu'a da gayyato malamai su tattauna da shi muddin ya yarda ya saurara. Iyakar ikonsu ke nan. Ya wajaba limamai su faɗi haka a kan mumbari, likitoci su ƙi kwantar da mutum sai da shaidar cuta, masu unguwanni da Hukumar Hisbah su kai rahoton duk ɗakin da aka kulle baligi a ciki ga 'yan sanda da Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan'adam ta Ƙasa. Wanda ya tsare baligi ba bisa doka ba, ya aikata laifi, ko da shi ya haife shi.