Shunsuke Kikuchi: makaɗin da kiɗansa ya fi sunansa tafiya

A al'ada, makaɗi da sunansa tafiyarsu ɗaya: wanda ya ji waƙa yakan tambayi mai ita. Sinima da talabijin sun zo da wani sabon abu, inda kiɗa kan zaga duniya mai shi yana ɓoye. Haka ta kasance ga Shunsuke Kikuchi na ƙasar Japan.

An haife shi ran 1 ga Nuwamba 1931 a Hirosaki, arewacin ƙasar. Ya yi karatu a Jami'ar Nihon, kuma a 1961 ya tsara kiɗan fim ɗinsa na farko. Daga nan ya yi aiki mai yawa da kamfanin Toei. Shi ya yi kiɗan Kamen Rider (1971), da na fina-finan zane irin su Doraemon (1979), Dragon Ball (1986) da Dragon Ball Z (1989). Waƙarsa Urami Bushi, wadda Meiko Kaji ta rera a 1972, Quentin Tarantino ya sake ɗaukarta a fim ɗin Kill Bill.

Salonsa ba ya ɓuya, har Japanawa suka laƙaba masa suna "Kikuchi-bushi", wato amon Kikuchi. Yakan gina kiɗansa bisa matakan sauti biyar, ya gauraya su da salon blues na baƙaƙen Amurka. A wurin faɗa, ƙahonin badujala ne ke gaba, gogen Turawa na biye da sauri. Amma ko a kiɗan jarumta akwai ɗan juyayi a ƙasa. Shi ya sa mai kallo kan ji cewa nasarar jarumi ba ta zo a banza ba.

A Yulin 1978 tashar Antenne 2 ta Faransa ta fara nuna Grendizer da sunan Goldorak. Kiɗan cikin fim ɗin na Kikuchi ne, amma waƙar da ta yi tashe ita ce ta Faransanci wadda Noam ya rera. Yaran da suka kalli waɗannan fina-finai da Faransanci sun girma da amon Kikuchi a kunnensu ba tare da sun riƙe sunansa ba.

Ya daina aiki a 2017 saboda rashin lafiya, ya rasu a Tokyo ran 24 ga Afrilu 2021 yana da shekara 89. Sunansa na nan a jerin sunayen da ke wucewa a ƙarshen fim, daidai lokacin da masu kallo ke tashi.