Tarihin Ƙasar Abuja Da Takardun Da Ke Hannunmu

Da wuya a yi wata guda ba a kawo wa dattawan ƙungiya rigimar fili ba, kuma kusan kullum maganar ɗaya ce: mutum biyu, fuloti ɗaya, kowa da takardarsa mai sa hannun mai unguwa da shaidu. To kafin mu ce wane ya cuci wane, ya kamata mu waiwaya mu ga yadda ƙasar nan ta zama yadda take.

Sunan Abuja na iyayenmu ne. Bayan jihadi Sarkin Zazzau Makau ya bar Zariya ya yo kudu, ɗan'uwansa Abu Ja kuma ya kafa garin Abuja a 1828. Amma sun tarar da masu ƙasa, wato Gbagyi da muke kira Gwarawa, da Koro da Gade da Gwandara da sauransu. A wancan zamani baƙo in ya zo sai ya kai gaisuwa wurin sarkin gari, a nuna masa inda zai gina ko ya noma, a raba goro a yi fatiha, shi ke nan. Da wannan al'ada muka taso, da ita kuma muka shigo birnin nan.

Abin da yawancinmu ba mu lura ba shi ne, an sauya wannan tsari tun kafin mu sauke kayanmu. Ranar 3 ga Fabrairu 1976 Janar Murtala Muhammad ya bayyana cewa za a ɗauke babban birni daga Legas, bisa shawarar kwamitin Mai Shari'a Akinola Aguda. Doka ta 6 ta wannan shekara ta yanki ƙasa kimanin murabba'in kilomita 8,000, ta mallaka wa Gwamnatin Tarayya ita ɗungurungum. Tsohon garin Abuja ya bar wa sabon birni sunansa, ya koma Suleja.

Da farko niyyar gwamnati ita ce ta kwashe dukkan mazauna ta biya su diyya. Da aka ga kuɗin ya yi yawa, a 1978 sai aka ce su zauna sai ranar da aiki ya iso kansu. Nan ne asalin rikicin. Mutanen ƙauye suna nan kan gonakin kakanninsu, amma a doka ƙasar ba tasu ba ce. Da gwamnatin Janar Babangida ta tare ranar 12 ga Disamba 1991, jama'a suka yi ta kwarara, hayar cikin gari kuwa ta fi ƙarfin ɗan kasuwa da lebura. Sai muka nufi Karmo, Gwagwa, Dei-Dei, Mabushi da Nyanya, muna sayen fili hannun masu gari, su ba mu takarda, mu gina.

Kotuna sun yi magana a kan irin wannan ciniki. A 2000 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta yanke cewa babu mallakar ƙasa ta gargajiya a cikin Birnin Tarayya. A 2008 Kotun Ƙoli ta tabbatar cewa Ministan Abuja kaɗai ke da ikon ba da fili. Sashe na 297 na tsarin mulkin 1999 ma haka ya nuna. Waɗanda ba su ji daga kotu ba sun ji daga katafila, domin a zamanin Minista Nasiru El-Rufa'i, daga 2003 zuwa 2007, rusau ya bi ta kan Idu-Karmo da Chika da Aleita. Da yawa sun fito da takardun sayensu, babu wanda ya duba.

To ina amfanin yarjejeniyar da muke rubutawa? Tana da amfani tsakaninka da wanda ya karɓi kuɗinka, domin da ita za ka tsaya gaban alƙali ka nemi ya mayar maka. Amma ba ta mayar da kai mai fili, don mai sayarwa ba ya ba ka abin da shi kansa bai mallaka ba. Wannan ma ba sabon abu ba ne gare mu. A Islamiyya an karantar da mu cewa Alƙur'ani ya yi umarni a rubuta bashi a kafa shaidu, an kuma karantar da mu cewa ba ya halatta mutum ya sayar da abin da ba nasa ba. Mun riƙe ta farko, mun saki ta biyu.

Saboda haka mu daina cinikin biri a sama. Kafin a ba dillali la'ada, a ɗauki lambar fayil a je ofishin AGIS, inda ake ajiye bayanan filayen Abuja, a bincika sunan wa ke kai. In an saya, a nemi lauya ya rubuta takardar sauya mallaka, a nemi amincewar Minista, a yi rajista. Wanda ya samu takardarsa kuma ya riƙa biyan kuɗin ƙasa na shekara, domin a watan Maris 2025 an soke takardu fiye da 4,000 saboda rashin biya. Wanda kuwa ya riga ya gina a kan takardar mai unguwa, ya san matsayinsa, ya gaya wa 'ya'yansa gaskiya tun yana da rai, kada su zo rabon gado su tarar babu abin rabawa sai rigima.

Allah ya tsare mana dukiyarmu, ya kiyashe mu cin haƙƙin wani, amin.