Jikan Bishof a Kan Naira Ɗaya

Duk wanda ya taso a cikin ganuwar Kano lokacin da naira ɗaya ke sayen ƙosai ya san fuskar dattijon nan mai gashin baki da ke jikin kuɗin. Herbert Macaulay ke nan. Kakansa na wajen uwa shi ne Samuel Ajayi Crowther, baƙar fata na farko da ya zama bishof a Cocin Anglikan.

An haifi Ajayi wajen 1809 a Osogun, ƙasar Yarbawa. Zuri'arsa na cewa mahaifiyarsa jinin Alafin Abiodun na Oyo ce. Sarautar ba ta cece shi ba. A 1821 mahara Musulmi, Fulani da Yarbawa, suka ci garinsu suka kama shi, aka yi ta cinikinsa har ya faɗa hannun fataken bayi na Fotugal. A 1822 sojojin ruwan Ingila suka tare jirgin, suka sauke shi a Saliyo. Can ya yi karatu, ya auri Asano, wadda ita ma daga jirgin bayi aka kuɓutar da ita. Sai a 1846 ya sake ganin mahaifiyarsa, a Abeokuta.

A 1841 ya bi ayarin binciken Kogin Kwara tare da J. F. Schön, wanda daga baya ya wallafa nahawu da ƙamus na Hausa. An naɗa shi bishof a Kantabari ranar 29 ga Yuni, 1864. Duk da abin da ya same shi yana yaro, ya zauna da sarakunan Musulmi cikin mutunci, musamman Etsu Masaba na Bida.

Wulaƙancin ƙarshe daga cikin gida ya zo masa. A 1890 wasu samarin Turawan mishan na CMS, ciki har da Graham Wilmot Brooke da J. A. Robinson, masu burin shiga ƙasar Hausa, suka zargi limamansa baƙaƙen fata, aka dakatar da wasu a gaban idonsa. Ya rasu a Legas ranar 31 ga Disamba, 1891, aka mayar da jagorancin aikinsa hannun Turawa. Ɗaya daga cikin magadansa, Bishof Herbert Tugwell, ya iso Kano a 1900 tare da Dokta Walter Miller. Sarki Alu Babba bai karɓe su ba, ya umarce su da su bar birnin.

Gidan Crowther kuwa bai mutu ba. Ɗansa Dandeson ya zama babban limamin coci a yankin Neja Dalta. 'Yarsa Abigail ta auri Thomas Babington Macaulay, wanda ya kafa makarantar CMS Grammar School ta Legas a 1859. Ɗansu Herbert ya kafa jam'iyyar NNDP a 1923, sannan ya shugabanci NCNC tun 1944, Nnamdi Azikiwe na sakatare.

A 1946 Herbert ya zo Kano cikin rangadin adawa da tsarin mulkin Gwamna Richards. A nan ciwo ya kama shi, aka mayar da shi Legas, ya rasu ranar 7 ga Mayu. Jikan yaron da aka sayar, tafiyarsa ta ƙarshe ta neman goyon bayan Kanawa ce kan 'yancin ƙasar da muke ciki tare.