Gwamna, Ƙasa da Umarnin Kotu: Darasin Otal ɗin Durbar

Yau zan ɗan jingine labarin da muke bi, in waiwayi wani tarihi da ya shafi duk mai fili ko gida a garin nan. Mu mazauna Unguwar Kanawa ba baƙi ba ne ga Otal ɗin Durbar, wanda aka gina a nan Kaduna saboda bikin FESTAC na 1977. A watan Janairun 2020 gwamnatin Malam Nasiru El-Rufa'i ta rushe shi, bisa hujjar cewa ya zama kango, maɓoyar ɓata-gari, ta kuma soke takardar mallakar filin. Iyalan marigayi Janar Sani Abacha, masu iƙirarin mallakarsa, suka ce ai maganar tana gaban kotu tun tuni. A 2023 Babbar Kotun Jihar Kaduna ta ce sokewar ba ta halatta ba. To amma hukunci ba ya tada bangon da ya riga ya faɗi.

Ina gwamna ya samo wannan ƙarfi? Asalin abin tun zamanin Turawa ne. A 1910 suka yi doka wadda ta sa dukkan ƙasar Arewa a hannun Gwamna, gwamnatin Sardauna ta sabunta ta a 1962, sannan a 1978 Janar Obasanjo ya shimfiɗa tsarin a kan Nijeriya baki ɗaya da Dokar Amfani da Ƙasa. Wato gwamna shi ne mai riƙon amanar ƙasa, kai kuwa izinin zama kawai gare ka, kuma yana iya soke shi idan ya ce maslahar jama'a ce.

Wanda aka zalunta sai ya garzaya kotu. Idan alƙali ya ba da umarni aka yi kunnen uwar shegu da shi, lauya zai nemi kotu ta aika wa mai taurin kan takarda mai lamba 48 ta gargaɗi, daga nan sai mai lamba 49, wadda ke kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi saboda raina kotu. Sai dai kash! Sashe na 308 na tsarin mulkin 1999 ya yi wa gwamna rigar kariya muddin yana kan kujera, 'yan sandan da za su yi kamun kuwa ba a hannun alƙali suke ba.

Duk da haka akwai lokutan da kotu ta nuna ita ma tana da haƙora. A 1986 Kotun Ƙoli ta ƙi biya wa gwamnatin soja ta Legas buƙatarta, saboda ta fitar da Odumegwu Ojukwu daga wani gida a Ikoyi da ƙarfin bindiga alhali shari'a na gudana, ta kuma ƙi mayar da shi kamar yadda aka umarce ta. A Kano ma, bayan rusau ɗin shagunan Filin Idi a 2023, Babbar Kotun Tarayya ta yanke diyyar naira biliyan 30. Da biya ya gagara sai aka bi ta kan asusun gwamnatin jihar, daga ƙarshe aka sasanta a kan biliyan 3.

Abin da ni na tsinta a nan, mai karatu, shi ne taɓa aljihun gwamnati ya fi barazanar ɗauri saurin aiki, amma sai mai kuɗin lauya da dogon numfashi ke iya kaiwa can. Idan masu otal sai da suka shekara uku kafin su ji hukunci, ina ga mai ɗaki biyu da takardar mai unguwa? Idan gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. Ka nemi takardar mallaka tun da sauran rana, ka adana duk wani rasit.

Allah ya ba mu shugabanni masu jin tsoronsa. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.