Allon da Ke Tsufa: Zane da Matsalar Lokaci

Masu zane sun daɗe suna kokawa da matsala guda: abin da suke son nunawa tafiya yake yi, ƙyallen da suke zanawa a kansa kuwa tsaye yake cak. A 1766 masanin Jamus Gotthold Lessing, cikin littafinsa Laokoon, ya yanke hukuncin cewa lokaci rabon waƙa ne, sarari kuma rabon zane, don haka mai zane ba shi da zaɓi sai ya tsinci ƙiftawar ido ɗaya ya tsaya a kanta. Daga wannan ƙunci ne aka riƙa mafarkin wani allo na sihiri wanda zai sauya da kansa. Ra'ayina shi ne irin wannan allo, da zai samu, ba zai nuna lokaci ba, domin ido ba ya ganin tafiya sai da wani abu tsayayye a gefe.

Shahararren misalin mafarkin yana cikin labarin Oscar Wilde, The Picture of Dorian Gray, wanda ya fara fitowa a mujallar Lippincott's a 1890. Basil Hallward ya zana saurayi Dorian, saurayin ya yi fatan hoton ya tsufa a madadinsa, aka kuwa amsa masa. Bayan ya wulaƙanta budurwarsa Sibyl Vane sai ya ga wani layi na mugunta ya bayyana a gefen bakin hoton. Ya lulluɓe shi, ya kulle a wani tsohon ɗaki can saman gida, yana hawa lokaci-lokaci da madubi a hannu yana gwada fuskokin biyu. Wannan madubi shi ne makamar zancen. Ruɓewar hoton tana da ma'ana ne kawai saboda fuskar Dorian ta tsaya. Wilde musanya wurare ya yi, ya ba mutum tsayuwar zane, ya ba zane tafiyar mutum. Da a ce su biyun tare suke tsufa, da allon ya zama madubin ɗaki, kuma babu wanda ke kama kansa yana tsufa a madubin da yake dubawa kowace safiya.

Masu zane na zahiri sun gane haka tun kafin Lessing. Wajen 1425, a ɗakin ibada na Brancacci da ke Florence, Masaccio ya zana manzo Bitrus sau uku a bango ɗaya: a tsakiya yana karɓar umarni, a hagu yana ciro tsabar kuɗi daga bakin kifi, a dama yana biyan mai karɓar haraji. Idon mai kallo ne ke yin tafiyar. Claude Monet kuma, daga 1892 zuwa 1894, ya zana fuskar babbar majami'ar Rouen fiye da sau 30, da safe, da rana tsaka, da yamma, dutsen na nan yadda yake, haske na sauyawa.

Wanda ya fi kusantar allon sihirin shi ne Roman Opalka, ɗan ƙasar Polan. A 1965 ya ɗauki siririn buroshi ya rubuta 1 da farin fenti a kusurwar hagu ta saman ƙyalle, ya bi ta da 2, ya ci gaba har ƙarshen ransa. Duk ƙyallen da ya cika, na gaba zai ɗora daga inda aka tsaya. A kusa ana ganin yadda lambobin ke fitowa da kauri idan an tsoma buroshi, su yi ta dusashewa har a sake tsomawa. Daga 1972 ya riƙa ƙara farin fenti kashi 1 cikin 100 a shimfiɗar kowane sabon ƙyalle, har fari ya kusa ɓacewa cikin fari, kuma bayan aikin kowace rana yakan ɗauki hoton fuskarsa. Ya rasu a 2011 ƙidayarsa ta haura miliyan biyar da rabi. Wannan aiki yana girgiza ni fiye da labarin Wilde, domin babu ƙyalle ɗaya da ya motsa. Sai an jera na farko da na ƙarshe ake ganin shekara 46.

Za a iya cewa ai kowane zane yana sauyawa da kansa, kuma gaskiya ne. Bangon ɗakin kwanan da Van Gogh ya zana a Arles a 1888 ruwan shunayya ne a asali. Jan launin da ke cikin haɗin ya koɗe, yau shuɗi muke gani. Amma ba idon mai kallo ne ya gano wannan sauyi ba. Sai da masu bincike suka gwada fentin da wasiƙun da ya aika wa ƙanensa Theo, inda ya bayyana launukan, kafin aka san abin da ya ɓace.